Kama da Wane Ba Ta Wane

A cikin harshen Ingilishi akwai wata kalma wadda ta cancanci a tsaya a dube ta, ko da mutum ba ya jin Turanci. Kalmar ita ce "impersonate". Ma'anarta a taƙaice ita ce mutum ya ɗauki kamannin wani, ya yi shigarsa, ya ari muryarsa ko sunansa, har a gan shi tamkar shi ne wancan. Abin mamaki game da ita shi ne, da wannan kalma guda a ke yabon mutum, a tafa masa, a ba shi lada, da ita kuma alƙali ya ke tura wani gidan yari. To, yaya aiki ɗaya zai zama sana'a ga wannan, ya zama laifi ga wancan?

Asalin kalmar daga Latin ne, watau harshen Rumawan da. A wurinsu "persona" wata fuskar aro ce wadda 'yan wasa su kan ɗaura bisa tasu in za su fito gaban jama'a. Mai kallo da ganin fuskar ya san wannan tsoho ne, wancan bawa ne, ko da ya ke mutum ɗaya yana iya fitowa a duka biyun. Daga nan Ingilishi ya sami kalmar "person", watau mutum, daga nan kuma aka ƙera "impersonate" a cikin ƙarni na 17.

Turawan Ingila sun yi amfani da ita ta fuska uku. Ta fari, wadda ta fi tsufa, ita ce a siffanta wani hali kamar mutum ne mai jiki. Misali, a bisa rufin babbar kotun laifuka ta birnin Landan akwai mutum-mutumin wata mace, hannu ɗaya riƙe da takobi, ɗaya riƙe da ma'auni, ana nufin ita ce Adalci. Wannan ma'ana ba a cika jinta a bakin mutane yanzu ba. Ta biyu ita ce ta wasa: mutum ya fito yana kwaikwayon wani sananne don a yi nishaɗi. Wani mawaƙin Amurka mai suna Elvis Presley ya mutu a shekara ta 1977, amma har yau akwai masu cin abinci da yin shigarsa da rera waƙoƙinsa, ana kiran kowannensu "impersonator". Ta uku ita ce ta zamba: mutum ya ce shi ne wane, ko ya ce shi ma'aikacin hukuma ne, don ya sami abin da ba zai samu da sunansa ba. Masana shari'a su kan gajarta kalmar su ce "personation". Dokar Ingila ta 1872, wadda ta kawo jefa ƙuri'a a asirce, da wannan suna ta kira laifin wanda ya zo neman takardar ƙuri'a da sunan wani, rayayye ko matacce.

Bahaushe bai haɗa waɗannan abubuwa cikin kalma ɗaya ba. Na wasa ya ce da shi kwaikwayo. 'Yan kama su kan yi zama irin na malamai, su ɗauki muryar mai wa'azi, alhali kuwa zancen tuwo da miya su ke yi, jama'a na dariya. A wasan gauta kuwa matan fada su kan yi shigar sarki da hakimansa, su kwaikwayi tafiyarsu da maganarsu, ba wanda ya ce sun yi laifi. Na zamba kuwa ya ce da shi sojan gona, watau wanda bai taɓa kwana a bariki ba, ya sami kaki ya sa, ya shiga ƙauye yana muzurai yana karɓe kajin mutane da awakinsu. Saboda haka Bahaushe da jin kalmar ya san hukuncin, amma Bature sai ya saurari sauran maganar tukuna.

Duk da haka raba suna bai isa ba, sai an gane dalilin rabawar. Wani zai ce bambancin kuɗi ne, mai sojan gona abin duniya ya ke nema. Amma ɗan wasa ma ai biyansa a ke yi. Wani zai ce bambancin ƙarya ce. Amma ɗan wasa ya kan tsaya gaban mutane ya ce shi sarki ne, alhali ko mai unguwa bai taɓa zama ba. Inda bambancin ya ke shi ne a zuciyar mai kallo. Wanda ya je kallon wasa ya san fuskar ta aro ce, da yardarsa ya zauna, kuma in an tashi kowa ya koma ga sunansa. Wanda aka yi wa sojan gona kuwa bai sani ba, kuma rashin saninsa shi ne jarin mai zambar. Dokar 'yan sanda ta Ingila ta 1996 ma a kan wannan ta tsaya. Ta hukunta wanda ya yi kamar shi ɗan sanda ne da nufin ruɗin mutane, har ɗaurin wata shida, amma ba ta taɓa wanda ya sa kayan a cikin wasan kwaikwayo ba.

Babu shari'ar da ta sa mutanen Ingila suka yi ta juya wannan kalma a bakinsu kamar ta gidan Tichborne. Roger Tichborne magajin wani gidan sarauta ne mai dukiya. A shekara ta 1854 jirgin ruwan da ya shiga daga ƙasar Barazil ya ɓace a teku. Kowa ya haƙura, ban da uwarsa. Ta yi ta ba da cigiya a jaridu har ƙasar Ostareliya. Can sai wani mahauci da ke zaune a garin Wagga Wagga ya ce ai shi ne. Roger siriri ne, a Faransa ya tashi, Faransanci kamar harshen uwarsa ne. Wannan kuwa ƙato ne mai teɓa, kuma ba ya jin Faransanci. Amma da aka kai shi gaban tsohuwar a birnin Faris a shekara ta 1867, sai ta ce ɗanta ne, ta yanka masa fam 1,000 a kowace shekara. Ta rasu a 1868 tana kan wannan imani. Sauran dangi suka ƙi yarda, aka shiga kotu. A can aka ba da shaidar cewa Roger yana da zane a hannunsa, shi kuwa wannan ba shi da shi. Daga baya aka tuhume shi da rantsuwa a kan ƙarya, aka yi zaman kotu na kwana 188. A shekara ta 1874 aka yanke cewa sunansa Arthur Orton, ɗan wani mahauci na Landan, aka ɗaure shi shekara 14. A wannan shekara kuma majalisar Ingila ta kafa doka musamman a kan masu aron sunan wani don su ci dukiya. Orton ya fito a 1884, ya mutu cikin talauci a 1898. Ramin ƙarya ƙurarre ne.

Mai karatu ya lura da abin da mutumin nan ya sata. Dukiyar gidan ba ta shiga hannunsa ba. Abin da ya ci shi ne ƙaunar uwa ga ɗanta, wadda ba shi aka haifa dominta ba. Ɓarawon zaune ya kan fasa ɗaki da dare, mai kaya ya wayi gari ya san an yi masa sata. Mai sojan gona kuwa da rana tsaka ya ke zuwa, a buɗe masa ƙofa, a shimfiɗa masa tabarma, a miƙa masa kayan da hannu biyu. Don haka laifinsa ya wuce sata, ya zama cin amana.

Wannan aron sunan mutum ɗaya ke nan. Akwai kuma aron rigar hukuma, misalinsa mafi shahara kuwa a ƙasar Jamus ya faru. Wani baduku mai suna Wilhelm Voigt, wanda ya daɗe yana shiga kurkuku yana fita, ya bi shagunan gwanjo ya harhaɗa kayan kyaftin na soja. Ran 16 ga Oktoba, 1906, ya sa su, ya tare soja kamar goma a kan hanya, ya ce su biyo shi. Suka bi, ba wanda ya tambaye shi takarda. Ya kai su garin Köpenick, kusa da birnin Balin, ya sa aka tsare magajin gari, ya karɓi kuɗin baitulmali wajen mak 4,000, har ya sa hannu a rasiɗi, sa'an nan ya sulale. Bayan kwana goma aka kama shi, aka ɗaure shi shekara huɗu, amma a 1908 Sarkin Jamus ya yi masa ahuwa. Duniya ta yi dariya ƙwarai, amma ba badukun a ke wa dariya ba. Waɗanda suka ƙame wa riga ba su tambayi wanda ke cikinta ba, su a ke wa.

A nan a ke ganin mutum uku ne mai sojan gona ya ke cuta. Na ɗaya wanda ya ruɗa. Na biyu wanda ya ari sunansa, gama duk ɓarnar da ya yi a kansa za ta faɗa. Na uku jama'a duka. Rigar ɗan sanda, da rawanin alƙali, da farar rigar likita, an yi su ne don mutum ya amince da wanda bai sani ba, ba sai ya binciki asalinsa ba. In na ƙarya ya sa su sau ɗaya, gobe na gaskiya ya zo sai a yi masa kallon tuhuma. Wake ɗaya shi ke ɓata gari. Wannan ne ya sa dokar Final Kod ta Arewacin Nijeriya, wadda ta fara aiki a 1960, ta lasafta shigar burtu da sunan ma'aikacin gwamnati a cikin laifuka, haka kuma cutar mutum ta hanyar aron sunan wani.

Mai gardama yana iya cewa, ashe ba a taɓa yin irin wannan ruɗi don alheri ba? An yi. A watan Mayu na 1944, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, Ingila ta sami wani laftana ɗan wasan kwaikwayo, Clifton James, wanda ya yi kama ƙwarai da Janar Montgomery. Aka koya masa tafiyar Janar da gaisuwarsa, aka tura shi Jibiralta da birnin Aljiyas, don 'yan leƙen asirin Jamus su zaci ta kudu za a auka wa Faransa. Ran 6 ga Yuni aka sauka ta arewa, a gaɓar Nomandi. Wannan ruɗi ne, ba shakka. Amma mai sunan da kansa ya yarda aka ari sunansa, kuma tsakanin masu yaƙi da juna babu amanar da za a ci, kowa ya san abokin gabansa dabara ya ke shirya masa. Saboda haka wannan labari bai ba kowa izinin ruɗin maƙwabcinsa ba.

Gardamar da ta fi wuya ita ce ta wanda ya ce don taimako ya yi. Ɗalibi mai ƙoƙari ya shiga jarrabawa da sunan abokinsa, bai karɓi ko anini ba. Wani ya je jefa ƙuri'a da katin wansa da ke kwance ba lafiya, ya ce ai ya san wanda wan nasa ke so. Su duka mai sunan ya yarda, to wa aka cuta? An cuci wanda ba ya wurin. Takardar shaida magana ce da a ke gaya wa wanda zai ɗauki ma'aikaci, cewa wannan mutum ya iya abu kaza. In ta ƙarya ce, wata rana majiyyaci zai miƙa hannunsa ga mai allura wanda bai iya ba, ɗalibin da ya yi karatunsa da gaskiya kuwa ya rasa gurbi. Shi abokin ma ba a taimake shi ba, an dai ɗaura masa zanen da zai zauna cikin fargabar ranar da zai kwance. Kayan aro ba ya rufe katara.

A zamanin nan mai sojan gona ba ya bukatar kaki. Ya kan bugo waya ya ce shi ma'aikacin banki ne, a gaya masa lambar sirri. Ya kan buɗe shafi a intanet da hoton wani babban mutum yana roƙon kuɗi. Har ma akwai na'urar da ke kwaikwayon muryar mutum ta faɗi abin da bai faɗa ba. Kaya sun sake, amma jarin bai sake ba, har yanzu rashin sanin wanda a ke magana da shi ne.

Wanda Allah ya nufa ya yaƙi jahilci, ya iya karatu da rubutu, yana da makamin da kakanninsa ba su da shi sa'ad da mai kaki ya shigo ƙauye. Yana iya cewa a nuna masa takarda, ya karanta sunan, ya dubi hoton, ya duba hatimi. Yana iya kashe wayar ya taka da ƙafarsa zuwa ofishin da aka ambata. Ma'aikacin gaskiya ba ya fushi don an tambaye shi shaida, na ƙarya shi ke ɗaga murya. Kuma kamar yadda ba ya so a zo masa da fuskar aro, haka ya wajaba kada shi ya ba da aron tasa, ko ga ɗan'uwa, ko ga aboki. Kuɗi in an ranta ana biya, riga in an ara ana wankewa a mayar, amma suna in ya dawo da dauɗa, mai shi ne zai yi ta yawo da ita.