Mai Rikiɗa Ma Tsufa Yake Yi

Duk wanda ya tashi tsakanin Illela da Birnin Ƙonni ya ji labarin mai rikiɗa, mutumin da za a yi cinikin shanu da shi a kara da rana, dare na yi ya koma kura. Girkawan dauri ma suna da nasu, sai dai su kyarkeci suka sani. Sun ce Likawon, sarkin Arkadiya, ya kawo wa abin bautarsu Ziyus naman mutum don ya gwada saninsa, sai aka mayar da shi kyarkeci. A wata ruwayar tsawa ta halaka shi da 'ya'yansa.

Tatsuniyar maguzawa ce, ba aƙidarmu ba, amma akwai wani reshenta da ya tsaya mini a rai. Filini, malamin Rum, ya kawo shi yana ƙaryatawa. Wai a wani gida na Arkadiya akan yi ƙuri'a, wanda ta faɗa wa ya rataye tufafinsa a bishiya, ya haye tafki, ya rikiɗe ya zama kyarkeci, ya zauna cikin kyarketai shekara tara. In bai taɓa naman mutum ba sai ya dawo, ya tarar da rigarsa inda ya bar ta, ya koma mutum. Amma fa da tsufan shekara taran nan a jikinsa. Masu ƙaga labarin sun iya mayar masa da fuskarsa da rigarsa, shekarun ne suka gagare su. Shi kansa Filinin ajali ya cim masa a shekara ta 79 miladiyya, lokacin aman dutsen Besubiyas, bai kai sittin ba.

Rikiɗar da ba ta da makawa kuwa muna ganinta ido da ido. Yaron da ke jan akalar raƙumi jiya, yau shi ne dattijon da ake kama wa hannu zuwa masallaci. Kakanninmu ƙaya suke jibga wa sabon kabari don kada kura ta tone. Yau kurar ta yi nisa da gari, maƙabarta kuwa sai faɗi take ƙarawa.

Ɗan'uwa, kafin kasuwar Illela ta sake ci ranar Lahadi, biya bashin da ke kanka, ka nemi gafarar wanda ka cuta a awo ko a canji. Allah Ya sa mu cika da imani.