Sunan da Ta Ƙi Sayarwa

A watan Satumba na 1945, a garin Atilantik Siti na ƙasar Amurka, an naɗa wata budurwa mai shekara 21 sarauniyar kyau ta ƙasar baki ɗaya. Sunanta Bess Myerson, 'yar wasu Yahudawa baƙin haure da suka baro Rasha suka zauna a unguwar Bronx ta birnin New York, inda mahaifinta yake sana'ar fentin gidaje. Ita ce Bayahudiya ta farko da ta ci wannan gasa, kuma ta ci ta ne 'yan watanni bayan duniya ta ga sansanonin 'yan Nazi, waɗanda suka hallaka Yahudawa kimanin miliyan 6.

Kafin ranar naɗin, shugabar gasar ta ba ta shawara ta canja sunanta zuwa wani wanda ba zai nuna asalinta ba. Ta ƙi. Wannan ƙin ya jawo mata hasara. Uku daga cikin kamfanoni biyar da ke ɗaukar nauyin gasar suka ƙi yin talla da ita, wasu otal-otal da kulob-kulob kuma suka rufe mata ƙofa. Maimakon ta koma gefe, sai ta shiga yawon makarantu tana jawabi a kan muguntar ƙin mutum saboda kabilarsa ko addininsa.

Wannan labari ya shafi iyalan Kirista da ke Abuja fiye da yadda ake zato. Ban da Gbagyi da sauran 'yan asalin yankin, kusan kowa a birnin baƙo ne. A Karu da Nyanya da Kubwa akwai gidajen da suka fito daga Zuru, Kafanchan, Biliri ko Malumfashi, 'ya'yansu kuma suna neman shiga a ma'aikatu, bankuna da gidajen talabijin. Wata rana Talatu ko Ɗanladi zai ga kamar sunan da aka raɗa masa ya yi ƙauyanci, ko yana tona inda ya fito da abin da ya gaskata. Shin laifi ne ya ajiye shi a bakin ƙofa domin a karɓe shi?

Littafi Mai Tsarki bai ba da amsa ta garaje ba. Esta ma Bayahudiya ce a baƙuwar ƙasa, an kuwa zaɓe ta daga cikin 'yan mata masu kyau ta zama sarauniya a Shushan. Sunanta na gida Hadassa, kuma bisa umurnin Mordekai ta yi shiru a kan asalinta. Amma sa'ad da Haman ya ƙulla hallaka mutanenta, ta shiga gaban sarki ba tare da an kira ta ba, tana sane za ta iya rasa ranta, ta bayyana ko ita wace ce. Esta ta ɓoye na wani lokaci, Bess ta ƙi ɓoyewa tun farko, amma ma'auninsu ɗaya ne: a ranar da faɗin gaskiya yake da tsada, ba wadda ta yi musun danginta domin ta tsira da kujerarta. Shiru na hikima dabam yake da shiru na jin kunyar iyaye, zuciyar mai shi kuma ta san wanda take yi.

Da labarin Bess ya tsaya nan, da darasin ya yi sauƙi. Ta shahara a talabijin, musamman a shirin kacici-kacici na I've Got a Secret daga 1958 zuwa 1967. A 1969 magajin garin New York, John Lindsay, ya naɗa ta kwamishina mai kare haƙƙin masu sayayya, ta kuwa yi aiki na ƙwarai wajen tilasta wa 'yan kasuwa su bayyana farashi da ranar da kayan abinci za su lalace. Ta nemi kujerar majalisar dattawa a 1980, ta faɗi a zaɓen fid da gwani. A 1983 aka ba ta kwamishinar al'adu ta birnin.

A wannan muƙami ne abin ya juye. Ta shiga soyayya da wani ɗan kwangila mai aure, sai kuma aka gano ta ɗauki 'yar alƙaliyar da ke shari'ar rabuwar aurensa aiki a ofishinta. Ta yi murabus a 1987. A 1988 kotu ta wanke ta daga tuhumar cin hanci, wajibi ne a faɗi haka domin adalci. Sai dai a wannan shekara ta amsa laifin ɗaukar kaya na kimanin dala 44 daga wani kanti a jihar Pensilbeniya ba tare da biya ba. Daga nan ta janye daga idon jama'a har rasuwarta a 2014 tana da shekara 90.

Abin dubawa a nan shi ne, sunan da masu kuɗi suka kasa saya a 1945, mai shi ce ta yi masa rauni da hannunta bayan shekara 40. Hausawa sun ce suna linzami ne, linzami kuwa sai da mai riƙo kullum. Jaruntakar rana ɗaya ba ta zama ajiya da mutum zai ci har tsufa. Gwaji na farko ya zo mata a fili, da fuskar abokin gāba, ta gane shi ta tsaya. Na biyu ya zo a ɓoye, ta hanyar kaɗaici, so da iko, a lokacin da ba mai iya ce mata kul.

Wannan bai ba kowa izinin yi mata dariya ba. Dawuda da ya kā da Goliyat shi ne ya faɗi a kan matar Uriya, Allah kuwa bai shafe zaburarsa ba. Abin kirkin da Bess ta yi yana nan daram, faɗuwarta kuma gargaɗi ce.

Saboda haka aikin iyaye kashi biyu ne. Su koya wa 'ya'yansu kada su ji kunyar sunan gidansu ko sunan Almasihu a gaban mai ɗaukar aiki. Su kuma ci gaba da yi musu addu'a da faɗa musu gaskiya bayan an ɗauke su, an ɗaga su, an fara yi musu tafi. Ikkilisiya takan kewaye matashin da ke fama da neman aiki, ta manta da wanda ya samu, alhali shi ne ya fi bukatar ɗan'uwan da ba ya jin nauyin tsawata masa.