ALƘALI YA YANKA MAKA BIYAN BASHI, KA KASA: INA MAFITA?



'Yan uwa, tambayar nan tana yawan zuwa min, a masallaci da kuma ta saƙo: "Malam, alƙali ya yanka min in riƙa biyan kaza duk wata, na biya sau biyu, kasuwa ta tsaya. Yanzu ɗaure ni za a yi?"

Abu na farko, kada ka kashe waya ka ɓuya. Gudu shi ke mai da mai uzuri ya koma mai laifi a idon alƙali.

Malamanmu na Malikiyya, a Risala da Mukhtasar da Tuhfa da muke karantawa a zaurukan cikin birni, sun kasa wanda ake bi bashi gida uku. Akwai wanda rashinsa ya tabbata. Wannan ba a tsare shi, jinkiri ake yi masa har Allah ya hore, kamar yadda aya ta 280 a Suratul Baƙara ta yi umarni. Akwai wanda ba a san halinsa ba. Alƙali na iya tsare shi don a bincika, sai dai in ya kawo mai tsaya masa. Sai mai hali da ke jan ƙafa, wanda hadisin Bukhari da Muslim ya kira aikinsa zalunci. Wannan a tsare shi, a sayar da kadararsa a biya mutane. A Muwaɗɗa an kawo yadda Sayyidina Umar ya yi shelar raba dukiyar Usaifi'u na ƙabilar Juhaina tsakanin masu binsa.

To, kai wane gida kake? In da gaske babu ce, ka koma kotun da ta yi hukuncin tun kafin wa'adi ya cika. Ka je da shaidu adalai da suka san halinka, ka shirya yin rantsuwa cewa ba ka ɓoye komai ba, sannan ka roƙi a rage kason wata ko a ƙara maka lokaci. Ko an kai ga sayar da kaya, fiƙihu ya ce a bar maka tufafinka da abin ciyar da iyali na ɗan lokaci.

Ƙofar sulhu ma ba ta rufe don an yi hukunci. Annabi (SAW) ya sa Ka'abu bn Malik ya yafe rabin bashin da yake bin Ibn Abi Hadrad, shi kuma aka ce ya tashi ya biya sauran. Ka nemi mai unguwa ko limaminku su shiga tsakani, abin da aka daidaita a rubuta a kai wa alƙali. Kuma wanda bashi ya yi wa katutu yana cikin mutum takwas da ake ba zakka, a aya ta 60 ta Suratut Tauba. Masu fitar da zakka, ku tuna da su.

Kai kuma mai bin bashi, ka ji tsoron Allah. Ofishin 'yan sanda ba wurin karɓar bashi ba ne, Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ma ta hana kama mutum kan saɓa yarjejeniya kawai. In ka sa an kai magidanci gidan yari na Ƙofar Doka alhali ka san ba shi da shi, kuɗinka bai fito ba, yaransa kuma sun kwana da yunwa.

Amma fa jinkiri ba yafiya ba ne. Shahidi ma ana gafarta masa komai ban da bashi. Ranar da ka samu, ka fara da mai haƙƙi.

Allah ya biya wa masu bashi bashinsu, ya wadata mu da halal. Amin.