Don Me Masu Ƙaga Labari Sukan Kulle Mutanensu a Ɗaki?

Mutum a kasuwa yana da wurin ɓuya da yawa. In magana ta yi zafi, sai ya ce rana ta yi, ya kama hanya. Mai ƙaga labari ya san haka, shi ya sa yakan rufe ƙofa, domin a ga abin da mutum zai yi in ba wurin gudu.

John Bunyan na Ingila ya san kurkuku da jikinsa, gama ya yi shekara 12 a tsare a Bedford saboda wa'azi. A cikin littafinsa na tafiyar Kirista, wanda ya fito a 1678, wani ƙato mai suna Fid da Zuciya ya jefa Kirista da abokinsa Mai Bege cikin kurkuku mai duhu, daga safiyar Laraba har daren Asabar, ba ci ba sha. Ya dake su, sa'an nan ya ba su shawara su kashe kansu. Ashe dukan bai kai shawarar ciwo ba. Ƙaton yakan fita, amma maganarsa takan kwana tare da su, har Kirista ya soma ganin mutuwa ta fi. Abokinsa ne ya tsare shi. Sai da suka yi addu'a har kusan asuba Kirista ya tuna da mabuɗin da ake kira Alkawari, wanda yake ƙirjinsa tun farko. Kwana huɗu yana kuka a kan mabuɗi!

Sartre na Faransa, wanda bai gaskata da Allah ba, ya kai batun wani wuri dabam a wasansa na 1944. Matattu uku, namiji ɗaya da mata biyu, suna ɗaki guda: ba taga, ba madubi, ba barci, fitila ba ta mutuwa. Ba mai dukansu. Kowa dai ba shi da inda zai ga kansa sai a idon ɗan'uwansa, idon kuwa ba jinƙai.

A nan tambayar ta yi nauyi: bango ne yake tsare mutum, ko abin da ya shigo da shi? Gama a wasan nan ma ƙofar ta buɗe. Namijin, wanda ya gudu a lokacin yaƙi aka harbe shi, ya tsaya a bakinta, bai fita ba. Yana jira ɗaya daga cikin matan ta ce shi ba matsoraci ba ne, ita kuwa ta ƙi. Da hannunsa ya mai da ƙofar ya rufe.