Fayil Yana Barci, Fili Yana Canza Hannu

Wata mummunar ɗabi'a tana yaɗuwa a Dutse da kewayenta. Mutum zai sayi fuloti, ya biya lakadan, dillali ya karɓi la'adarsa, mai unguwa da shaidu su sa hannu a takardar ciniki, a shafa fatiha a watse. Amma a rajistar gwamnati sunan tsohon mai fili yana nan daram. Wanda ya tashi canza suna kuwa sai ya ji "fayil yana sama", "oga bai sa hannu ba", "ka dawo wani mako". Wata ya zama shekara. In ya gaji, sai ya cusa takardar a ƙasan adaka, ya ce ai duk unguwa an san filin nasa ne.

An sani a yau, shaidu suna raye. Tun da Dutse ta zama babban birnin Jigawa a 1991, aka kafa Jami'ar Tarayya a 2011, gonakin gero na bakin gari da na hanyar Shuwarin da Kiyawa suke komawa fulotai, farashi yana hawa. Ranar da wanda ya sayar ya rasu, magada za su tarar da sunan mahaifinsu a takarda, su sa filin cikin gado ko su sayar wa wani. Wasu ma da ransu suke sayar da fili ɗaya sau biyu, don sun san rajista ba za ta tona su ba.

Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ba ta wasa da wannan. Sashe na 22 ya ce filin da ke da takardar mallaka ta gwamna ba a sayar da shi ko a jinginar da shi sai da amincewar gwamna, sashe na 26 kuma ya ce cinikin da ya saɓa wa dokar rusasshe ne. A 1989, a shari'ar Bankin Savannah da Ajilo, Kotun Ƙoli ta rushe jingina sukutum saboda rashin wannan amincewa. Banki ke nan, mai tarin lauyoyi. Ina ga malamin firamaren da ya tara albashin shekaru ya sayi fuloti guda?

Ku ma'aikatan da fayil ke kwana a teburinku, ku ji tsoron Allah. Ba dukanku ba ne, akwai masu riƙon amana. Amma wanda yake danne takarda sai an ba shi na goro, ya sani cewa duk rigimar da jinkirinsa ya haifar, da zumuncin da ya tsinke, da marayan da suka rasa matsuguni, yana da kamasho a ciki. Kuma kujerarsa ba ta fi ƙarfin shari'a ba. Babbar Kotun Jiha tana da ikon duba jinkirin hukuma, ta umarci jami'i ya yi aikin da doka ta ɗora masa. Ba za ta sa hannu a madadin gwamna ba, amma za ta iya tilasta a duba takardar a yanke hukunci.

Sai dai kotu ba ta aiki da "na yi ta zarya". Hujja take nema. Ka rubuta buƙatarka, a buga maka hatimin karɓa a kwafinka da kwanan wata, ka adana rasit ɗin kowane kuɗi da ka biya. In shiru ya yi yawa ka sake rubutawa, sannan ka ga lauya da wuri, domin irin wannan ƙara tana da wa'adi, kuma alƙali yakan tambayi mai ƙara inda yake tuntuni. Haka abin yake a kotun Shari'a: a mazhabar Malikiyya, wanda ya ga bare yana amfani da filinsa shekara 10 bai ce uffan ba, hauzi na iya rufe masa baki.

Mai shirin saye kuma, kafin kobo ya bar aljihunka, ka nemi a bincika maka rajista, ka ga sunan da ke kan fayil da idonka. In ba na mai sayarwa ba ne, ka riƙe kuɗinka har sai an gyara.