Sai An Tuɓe Ake Yarda Da Halitta?

A Turai akwai manya da hankalinsu da suka ɗauki zama tsirara a matsayin aƙida. Abin ya yi ƙarfi a Jamus tun farkon ƙarni na 20, a 1953 kuma aka kafa ƙungiyarsu ta duniya a Montalivet da ke Faransa. Hujjarsu ita ce tufa ce ke koya wa ɗan Adam ƙyamar jikinsa. Wai in kowa ya tuɓe, mai tumbi da ramamme, mai tabo da mai tamoji, gasar kyau ta ƙare. Bai kamata mu yi tir mu wuce ba, domin cutar da suke nema wa magani tana cikin gidanmu.

Mai shakka ya leƙa kasuwar Karmo a Abuja ranar Talata ko Juma'a. Bayan dilolin gwanjo da aka san ta da su, zai tarar da masu kayan kwalliya sun jera man bilicin da sabulun ƙara haske, ga kuma ciko na ƙara ƙugu. Da yawan masu saye a rufe suke ruf, amma zuciyarsu ba ta yarda da yadda Allah ya yi su ba. Abin ya kai a 2023 hukumar NAFDAC ta ayyana bilicin a matsayin matsalar lafiya ta gaggawa a Najeriya. A nan masu tsiraici za su ce: to ina amfanin suturar taku?

Amsar tana cikin binciken da su kansu suke kafa hujja da shi. A 2017 mai bincike Keon West na jami'ar Goldsmiths a Landan ya gano cewa masu wannan ɗabi'a sun fi gamsuwa da jikinsu, amma abin da ya fi tasiri shi ne ganin jikin sauran mutane yadda yake, ba su ɗin a gan su tsirara ba. Ke nan cutar a ido take. Idon da ya saba da hotunan Instagram da TikTok, waɗanda aka goge aka gyara, dole ya raina abin da madubi ke nuna masa. Gyaran ma'auni ake buƙata, kuma wannan ba sai an yar da kunya ba.

Musulunci ya riga ya ba da wannan ma'auni. Suratut Tin ta tabbatar da cewa an halicci mutum a mafi kyawun tsari, Suratul A'araf ta lissafa tufa cikin ni'imomi, hadisin da Muslim ya ruwaito kuma ya nuna zuciya da aiki Allah yake dubawa, ba sura ba. Daidaiton da ake nema a tsiraici ma ana ganinsa a Arfa, inda sarki da ɗan dako ke tsaye cikin harami iri ɗaya, al'aurar kowa a rufe. Jiki amana ne, ba haja ba ce da za a baje kowa ya taya.

Saboda haka laifin ba na hijabi ko riga ba ne, na bakunanmu ne. Iyaye su daina yi wa 'ya gorin baƙar fata ko rama, samari su daina cewa sai fara, malamai kuma su riƙa wa'azin godiya kan halitta kamar yadda suke wa'azin rufe al'aura.