Ƙarfen Haƙori: Wa Ya Ce Wushirya Aibi Ce?

Ƙarfen nan da ake ɗaura wa yara a haƙora ya shigo Idi-Araba sosai, iyaye kuma sai tambaya suke: halal ne, ko canza halittar Allah ne?

Mu fara sanin abin tukuna. Likita kan manna ƙananan ƙarafa a jikin haƙora, ya zira waya ta cikinsu, yana ƙara ɗaure ta duk bayan 'yan makonni. Matsin ne ke sa ƙashin da ke riƙe da haƙori ya zaizaye ta gefe guda, ya sake ginuwa ta ɗayan gefen, haƙorin ya gusa. Aikin kan ci shekara ɗaya da rabi zuwa biyu. Bayan an cire ma sai an riƙa kwana da wata roba a baki, in ba haka ba haƙoran su koma gidan jiya. Iyaye da yawa ba su san da wannan ba.

A Bukhari da Muslim, hadisin Ibn Mas'ud ya la'anci matan da ke goge haƙoransu su buɗe tsakani don ado. Abu Dawud kuma ya kawo labarin Arfaja, wanda aka yanke wa hanci a yaƙi, ya sa na azurfa ya yi wari, Manzon Allah (SAW) ya umarce shi ya sa na zinariya. Daga nan malamai suka raba: gusar da aibi ya halatta, canza lafiyayyar halitta don ƙarin kyau bai halatta ba. Saboda haka yaron da haƙoransa suka turo har leɓe ba ya rufuwa, ko suka hau juna asuwaki ba ya shiga, a kai shi a gyara, babu laifi.

To, amma wa ke yanke cewa abu aibi ne? Nan ne maganar ke da wuya. A Kano da Sakkwato wushirya ado ce, maƙwabtanmu Yarbawa ma suna yabon ta. Ku lura, matan da hadisin ya yi magana a kansu wushiryar suke nema! Yau kuma budurwa ce Allah ya ba ta kyauta, take kuka a biya kuɗi a rufe mata kafin biki. Haƙorin bai canza ba, hotunan da take kallo a Instagram ne suka canza. Ni ɗan kasuwa ne, na san hanya mafi sauƙi ta sayar da kaya ita ce ka sa mutum ya raina wanda yake da shi. A Amurka wani kamfani, SmileDirectClub, ya yi ta aika wa mutane robar jera haƙora har gida ba tare da sun zauna gaban likita ba. A ƙarshen 2023 ya durƙushe, ya bar masu saye a tsakiyar magani.

A ganina, rufe lafiyayyar wushirya don yayi ya fi kusa da abin da aka hana. Sai dai ban raina kukan yarinyar da ake yi wa ba'a har ta daina dariya a cikin mutane ba, damuwar zuciya ma cuta ce. Amma a bincika su wa ke tsokanar. Sau da yawa a cikin gida suke, yayye da gwaggwanni, su kuwa gyaran bakinsu ba ya cin ko sisi.

Wanda ba ni da shakka a kansa shi ne ƙarfen bogi da 'yan mata ke mannawa a shagunan kwalliya don a ce 'yar masu hali ce. Wannan ƙarya ce, ga cutar da kai, don wayar na iya gusar da haƙori inda bai dace ba, ta ɓata dasashi.

Asibitin koyarwa na LUTH ga shi nan kusa da mu, da sashen haƙori. Duk uban da aka matsa wa lamba ya kai yaron a duba, ya tambayi likita kai tsaye: in ba a sa ƙarfen ba, me zai samu haƙoran nan da shekara goma? In likita ya ce babu komai, ina ganin kuɗin makarantar yaron ya fi cancanta da su.